Minti Ukun da Na Goge a Kaset ɗin Nafisa

Na san abin da kuka tashi kuna ji. Kun ji cewa uwarku ta lalata kaset ɗin bikin Nafisa, ta goge hoton kakarku guda ɗaya tilo mai motsi, kuma shi ya sa yayata, Khala Hauwa, ta yi shekara ashirin da ɗoriya ba ta taka gidanmu sai da babban dalili. Wasu sun ce muku sakaci ne, wasu sun ce baƙin ciki nake yi don 'yar yayata ta auri mai hali. Ke Maryam har kin taɓa tambayata kina 'yar shekara goma, na daka miki tsawa na ce ki tashi ki wanke tukwane. To yau zan ba ki amsa, ke da 'yan'uwanki. Gogewa dai na goge, da wannan yatsan nawa, kuma da gangan. Amma ba za ku gane dalili ba sai kun san matar da ta koya mini sana'a, don haka ku yi haƙuri in fara da ita.

A lokacin muna unguwar Waziriyya a nan Jidda, ɗaki biyu da ɗan tsakar gida, ni da babanku da Inna kakarku, Yaya Hauwa kuma tana layin bayanmu. Hajji ya kawo mu muka zauna, kamar sauran jama'a. Babanku yana tuƙi, ni ina aikatau a gidajen Aziziyya. Wata maƙwabciya ce ta samar mini aiki a gidan wani likitan haƙori da ya yi karatu a Jamus ya dawo da mata daga can. Matan unguwa Almaniyya suke ce mata, wato Bajamushiya, sunanta kuwa Gerda, ni kuma daga baya na koma ce mata Abla, yadda ake kiran malaman makaranta a nan. Doguwa ce siririya, ta ba sittin baya ko ta kusa, gashinta fari an rage shi kamar na maza, tabarau na reto a wuyanta. Larabcinta a karye yake ƙwarai, nawa ma ba wani na kirki ba ne, amma mun fahimci juna. Ranar farko ta zaga da ni gidan, ta tsaya a ƙofar wani ƙaramin ɗaki ta ce ko'ina in share, ban da nan. Na leƙa na ga bidiyo biyu, talabijin biyu, da wani akwati mai maɓallai. Na ce a raina, wannan mata tana da son kallo, Allah ya sawwaƙe.

Ashe aikinta ne. A hankali, wajen shan shayin hantsi, na tsinci labarinta. Ta ce tana yarinya bayan yaƙin ƙasarsu ta shiga ɗakin da ake tace fim, aikinta kawai ta rubuta lamba a jikin zaren fim ta rataye kowane yanki a ƙusarsa, da farar safar hannu don kada yatsa ya ɓata hoto. Ta yi shekaru tana wannan kafin a bar ta ta taɓa almakashi. Daga nan ta fara haɗa finafinan silima da kanta, na soyayya, na ban dariya, na mutanen duwatsu, ana ɗaukarta daga wannan birni zuwa wancan, har ƙasashen maƙwabta masu yarensu. Da talabijin ya yi ƙarfi ta koma can, tana haɗa wasannin 'yan sanda da ake nunawa mako-mako. Ta ce mai ba da umarni zai kawo mata abin da ya ɗauka cikin wata biyu, tuli guda ba kai ba gindi, ya zauna a bayanta yana shan taba yana cin rai, ita ce za ta nemo masa labarin da ke ciki. In fim ya yi kyau a yabe shi, sunanta kuma ya fito a ƙarshe lokacin da mutane suka miƙe suna neman takalmansu. Na tambaye ta ko abin ba ya mata ciwo, ta yi dariya ta ce in har ɗan kallo ya lura da inda ta yanka, to ranar ba ta yi aiki ba. Kwanakin baya ɗan'uwanku Usman ya nemo mini sunanta a kwamfuta, jerin finafinan ya fi tsawon hannuna, ban iya karanta ko ɗaya ba amma na sa shi ya karanto mini duka.

Wannan matar ce aure ya kawo Jidda, garin da a lokacin ko gidan silima babu. Ta ce shekarar farko ta kusa haukacewa don zama. Sai bidiyo ya shigo gari, kowace uwar amarya tana son kaset. Ku da kuka tashi da waya a hannu ba za ku gane nauyin abin ba. Bikin mata na mata ne. A nan ake cire abaya, a saki gashi, a yi rawa, don an san ba namiji. Kaset ɗin da aka ɗauka a wurin ba a kai shi shagon maza, ko kusa. Mace ce za ta ɗauka, mace ce za ta haɗa, kuma in an gama a mayar wa uwar amarya da duka biyun, wanda aka tace da na asalin, ba a barin ko gutsure a hannun kowa. To ga mace da ta yi rayuwarta tana wannan aiki, zaune a Aziziyya ba abin yi. Matar wani abokin mijinta ta fara kawo mata, kafin shekara ta zagayo mata na bin layi.

Ni kuwa da tsumman goge-goge na shiga sana'ar. Wata rana ta bar ƙofa a buɗe, na tsaya ina leƙe, na ga ta yanke daga fuskar wata uwar amarya ta koma kan kek. Bakina da ba ya shiru na ce, haba, ai ba ki bari ta gama share hawayen ba. Ta juyo ta dube ni ta saman tabarau, na ce a raina shi ke nan, aiki ya ƙare. Sai ta mayar da kaset baya ta sake kallo, ta sake, sannan ta jawo kujera da ƙafarta.

"Zauna. Gobe ma nan za ki zauna, a nemo wata ta yi shara."

Ban taɓa ganin mai aiki irin nata ba, kuma har yau ban gani ba. In an kawo kaset, ba ta taɓa komai sai ta kalle shi daga farko har ƙarshe, ko awa huɗu ne, hannunta a kan cinya, ba shayi ba magana. A kallo na biyu take ɗaukar littafi ta rubuta. Takan ce in daina kallon amarya, kowa amarya yake kallo, in dubi gefe-gefe, can abin yake. Ita ta fara nuna mini cewa in ka sa fuskar uba bayan fuskar 'yarsa, mutane za su yi kuka, in ka sa ta bayan tiren shinkafa za su ce yunwa yake ji, alhali fuska ɗaya ce. Da ta ba ni kamera, sai da na yi wata guda ina ɗaukar kuliyoyin bayan gidanta. In na yi lilo da hoto ta buge mini hannu, ta ce in tsaya cak in ƙirga goma kafin in motsa. Faɗa gare ta kamar me, ba ta iya lallashi ba, in aiki ya yi kyau iyakarta ta ce ba laifi. Na sha komawa gida ina rantsuwa ba zan sake zuwa ba, gari na wayewa ina bakin titi ina jiran mota. Ina son matar nan, kuma ina jin tsoronta.

Ina shekara ta uku a hannunta aka sa bikin Nafisa. Ba sai an faɗa ba, ni ce mai ɗauka. Yaya Hauwa ta kama zauren biki a wajen Madain Fahd, irin mai fitilu da madubai a bango, ta ce so take a yi kaset ɗin da za a aika Kano a aika Sudan wurin dangin ango, kowa ya gani ya san ta aurar da 'ya. Wato kaset ne da maza za su zauna su kalla. Saboda haka aka bi al'ada: kafin in kunna, wata ta ɗaga murya ta ce ga kamera, mai rufewa ta rufe, wadda ba ta so sam ta koma bayan mai ɗauka. Bayan mai ɗauka shi ne wurin aminci, kowa ya san haka, a nan mace za ta yi rawarta kai a buɗe ba abin da ya dame ta.

Cikin waɗanda suka koma bayana akwai Sa'adiyya. Kun san ta, Khala Sa'adiyya mai sayar da kisra, gurasar nan ta Sudan, maƙwabciyarmu, cikin Hausawan Sudan. Abin da ba ku sani ba shi ne halin da take ciki a lokacin. Mijinta, Alhaji Ɗahiru, mutumin kirki ne wajen ci da sha, amma zuciya gare shi kamar fetur, kuma bakinsa ya riga hankalinsa. Sau biyu ya sake ta a kan abin da bai kai ya kawo ba, igiya ɗaya ta rage. Da zai bar ta ta zo bikin sai ya rantse a gaban ƙanwarsa cewa duk ranar da wani namiji ya ga hotonta a kaset, ta ɗauka ta saku. 'Ya'yanta huɗu, ƙaramar tana goye, iƙamarta kuma, wato takardar izinin zamanta a ƙasar, a kan tasa take. In igiyar nan ta tsinke, ba gidan kawai za ta bari ba, ƙasar za ta bari, yaran kuma su zauna. Da bakinta ta gaya mini wannan a ƙofar zaure, tana riƙe da hannuna. Na ce mata ta kwantar da hankalinta, ta tsaya daidai bayana, ni da kaina na nuna mata wurin.

Sai kuma Inna. Kakarku ba ta yarda da hoto ba ko kaɗan. In ta ga na ɗauko kamera sai ta ja mayafi ta juya baya, ta ce in kawar mata da wannan abu mai ido ɗaya. Hoton fasfo kaɗai muke da shi nata, shi ma ta ɗaure fuska kamar an yi mata sata. Amma ranar, da aka zo zaffa, wato shigo da amarya, sai ga Inna ta saki sandarta ta kama hannun Nafisa. Ba wanda ya sa ta. Ta rako ta tun daga ƙofa har kan kujerar amarya, tana yi mata waƙar da ake yi wa amare a garinmu, tana dariya har ana ganin wushiryarta, ta tsaya a tsakiya ta rangaɗa guɗa. Ta manta da ni sam. Minti uku cur, ban motsa ba, ban yi lilo ba, hawaye na zuba ina ƙirga goma ina sakewa. Na san na ɗauki abin da ya fi komai kyau a rayuwata, har na ƙosa gari ya waye in nuna wa Abla.

Da hantsi muka zauna. Ta yi kallonta na farko yadda ta saba, hannu a cinya. Da aka zo wurin Inna na saci kallonta, na ga ta cire tabarau ta goge ta mayar. Har kaset ya ƙare ba ta ce komai ba. Sannan ta mayar da shi baya zuwa zaffa, ta tsayar da hoto, ta ce wannan shi ne mafi kyawun abin da na taɓa kawo mata. Ban gama jin daɗi ba ta ɗora ƙarshen bironta a saman talabijin, can kusurwar dama, sama da kan Nafisa.

"Wace ce wannan?"

Na matsa. Madubin bangon da ke bayan amarya ne. A cikinsa ga ni da kamera a kafaɗa, ƙarama kamar ɗan yatsa, a bayana kuma ga mace cikin jan tufafi, gashi a sake har kafaɗa, tana juyi tana tafi. Fuskarta tar. Sa'adiyya ce, a daidai inda na tsayar da ita. Sauran matan da ke bayana ginshiƙi ya kare su, ita kaɗai ta fito, kuma tun daga ƙofa har kujera tana nan, don ban motsa kamerar ba ko sau ɗaya.  Na ce wa Abla ai ƙarama ce, ni da na ɗauka ban gani ba, wa zai gani? Ta ce abin da ta gani a kallo ɗaya, wani zai gan shi a kallo na goma, kuma kaset ɗin biki sau hamsin ake kallonsa, ana tsayarwa ana nuna wance da wance. Gaskiya ta faɗa. Dangin ango 'yan garin su Alhaji Ɗahiru ne, a ɗakin da za a kunna kaset ɗin ma akwai wanda zai ce, wannan ba matar Ɗahiru ba ce?

Na gaya mata zancen rantsuwar. Ta yi wata magana da yarensu wadda na tabbata ba addu'a ba ce, sannan ta naɗe hannun riga. Injinan wancan zamani ba sa rufe wani gefe na hoto, ba sa matso da shi, ko ka ɗauka duka ko ka bari duka. Kwana uku muka yi a ɗakin nan, kuma a kwana ukun nan na ga abin da ake nufi da gwaninta. Ta ɗebe sautin zaffar gaba ɗaya ta ajiye, waƙar Inna da guɗarta da kiɗan. Sannan ta bi kaset ɗin kaf tana tsintar 'yan guntaye da na ɗauka a wasu lokuta: ƙafar Nafisa da lalle tana taka kafet, jelar rigarta tana ja, hayaƙin turaren wuta, yara suna watsa furanni, fuskar Yaya Hauwa ta toshe baki da mayafi. Akwai daƙiƙa biyu a farkon shigowa da wata mata ta gitta ta kare madubin, a nan hannun Inna ya fito riƙe da na Nafisa, ta ɗauki wannan ta sa shi daidai inda muryar ta tashi. Ta jera su a kan waƙar, tana matsar da kowanne gaba kaɗan, baya kaɗan, har sai numfashinsu ya zo ɗaya. Da ta kunna mini daga farko, wallahi na ga amarya ta shigo, na ga an rako ta, alhali ba a nuna ba. Na yi kuka, ita kuma ta ce ba laifi.

Saura kaset na asali, wanda dole in mayar wa Yaya Hauwa da hannuna. A nan muka saɓa. Na ce zan goge minti ukun. Abla ta miƙe tsaye. Ta ce shekara arba'in tana wannan aiki, ta yanke abin da ya fi wannan tsada, amma ba ta taɓa lalata asali ba, ko na fim ɗin da ta raina, domin abin da aka yanke yau ana iya nemansa gobe, wanda aka goge kuwa ya tafi. Ta ce a bar shi a kabad ɗinta ta kulle. Na ce ba a yi, in kaset ɗin mata ya kwana a gidan wani bayan an gama aiki, daga ranar ba mai sake ba mu amana, kuma Yaya za ta zo har nan ta karɓa. Ta ce to in kira yayata in gaya mata gaskiya. Na yi dariyar takaici. Kun san Khalarku, zuciyarta fara ce, amma cikinta ba ya riƙe magana, kuma ƙanwar Alhaji Ɗahiru ƙawarta ce ta ƙut da ƙut, kullum suna tare wajen awon kayan miya. In ta ji da safe, kafin la'asar ya ji. Shi kuma ba zai tsaya tambayar ko namiji ya gani ko bai gani ba, jin an ɗauka kaɗai ya isa ya furta abin da ba ya dawowa.

Abla ta dube ni. Sannan ta ce:

"Ke kika ɗauka, uwarki ce, mutanenki ne. Ni ba zan danna ba. Amma ba zan fita in bar ki ke kaɗai ba."

Na sa kaset a kamera, na kai shi daidai inda Inna ta saki sanda, na rufe idon kamerar da murfinsa. Na ce a raina Inna tana nan da ranta, gobe ma rana ce, zan lallaɓa ta in sake ɗaukarta ko tana tsintar shinkafa ne. Na danna jan maɓalli. Abla tana tsaye a gefena da agogonta a hannu, ita ta ce mini halas, ya isa, da minti ukun suka cika.

Da na kai wa Yaya Hauwa, aka taru aka kalli wanda aka tace, mata suna ta santi, wasu na cewa ba su taɓa ganin zaffa mai kyan wannan ba. Yaya kaɗai ta ce, ina Inna? Na ce ai ga muryarta, ga hannunta. Ta ce fuskarta take nufi, a sa na asalin. Aka sa, aka zo wurin, sai baƙi ƙirin. Na ce kuskure aka samu wajen aiki, na danna abin da bai kamata ba. Ta zage ni iya son ranta, na haɗiye, har Inna ta sa baki ta ce a bar yarinya, ita dama ba ta ce a ɗauke ta ba. Da a nan abin ya tsaya da an manta. Wata biyu bayan bikin Inna ta kwanta, zazzaɓi na kwana huɗu, ta cika ranar Laraba bayan azahar. Ban sake ɗaukarta ba. Kullum ina cewa gobe.

Ranar sadakar uku, a gaban mutane, Yaya Hauwa ta dube ni ta ce na kashe mata uwa sau biyu. Daga nan ta ɗauke ƙafa. Kun ga sauran da idonku: gaisuwar Salla a tsaye, sunan Usman da ba ta zo ba, yadda 'ya'yanta suke wuce ku a hanya. Abin ya ci ni ƙwarai, ba zan ɓoye muku ba. Sau da yawa na sa abaya zan je in faɗa mata, sai in hangi Sa'adiyya ta ƙofa tana yi wa yaranta wanka, in koma in zauna.

Ba ni kaɗai na biya ba. Zance ya bazu cewa a wurin Almaniyya ana lalata kaset, mata suka janye, ɗakin da ake bin layi ya koma shiru kusan shekara guda. Matar da sunanta ya fito a silima a ƙasashe, ga ta ana cewa ba ta iya aiki ba a bakin matan da ba su san inda ake kunna bidiyo ba. Kalma ɗaya za ta faɗa ta wanke kanta. Wata uwar amarya ta tsare ta a gabana ta tambaye ta ko gaskiya ne, ta ce e, an yi asarar minti uku a ɗakinta, kuma duk abin da ya faru a ɗakinta ita ce mai alhakinsa. Ba ta ƙara ba, ba ta kuma taɓa yi mini gori ba, ko da wasa. Da mijinta ya rasu ta koma ƙasarsu, ta bar mini injinan duka, da su na yi sana'ar da na rufa mana asiri har kuka yi karatu. Mun yi waya sau uku ko huɗu, tana tambayata ko har yanzu ina lilo da kamera. Daga baya wata 'yar ɗan'uwanta ta aiko da takarda cewa ta rasu. Ban san yadda ake yi wa irinsu addu'a ba, na dai zauna na yi kukana.

Sa'adiyya ta zauna a ɗakinta, ta ƙara haihuwa uku, ta aurar da 'ya'yanta a gabanta. Ba ta taɓa sanin ta fito a madubi ba. Alhaji Ɗahiru ya rasu bara waccan, yana riƙe da igiyarsa ɗaya. Da ta fita takaba na je na gaya mata, ta riƙe baki, sannan ta ce in tashi yanzu-yanzu mu je wurin Hauwa, in ban je ba ita za ta je.

Muka same ta a kan darduma, ƙafafu sun kumbura, ido ya fara rauni. Na zauna a ƙasa na faɗa mata komai, tun daga madubi har murfin kamera, Sa'adiyya na gefe tana share hawaye tana cewa saboda ita ne. Na zaci za ta yi faɗa, ko ta ce ƙarya nake. Ta ci gaba da jan carbinta. Can ta ce da ita ce ma gogewar za ta yi, kuma gaskiya ne bakinta ba shi da linzami, da na gaya mata a lokacin da ta faɗa. Na ji wani dutse ya sauka daga ƙirjina. Sai ta tambaye ni, kafin in goge, sau nawa na kalla? Na ce ban ƙirga ba, kwana uku muna kai, ya fi sau talatin. Ta ce ita Almaniyyar fa? Na ce ita ma haka.

"Da kin kira ni kin kunna mini sau ɗaya, Balki, ba sai kin ce komai ba. Sau ɗaya, sannan ki goge."

Na ce ina tsoro ne kada ta ga madubin.

"Wane madubi? Ni da Inna tana dariya a gabana, madubi zan kalla?"